Eve Muirhead: kofin yara huɗu a hannu, zinaren Olamfik sai bayan shekara 12

1/ Jama'a, yau labarin wasa na zo muku da shi, amma ba ƙwallon ƙafa ba. Wasan nan ne da kuke gani a bidiyo kuna dariya: mutum ɗaya ya tura dutse a kan ƙanƙara, biyu su bi shi da buroshi suna goge ƙasa kamar surukai za su zo gidan. Sunansa curling. Zaren da ɗan tsawo, ku gyara zama.

2/ Ni ma dariyar na yi ta yi, har shekarar da karatu ya kai ni Scotland. Wata dattijuwa maƙwabciyata ce ta matsa sai na je na gwada. Na je. Taku biyu na yi a kan ƙanƙarar nan na ji ni a ƙasa, dutsen kuwa ko rabin hanya bai kai ba. Tun ranar bakina ya mutu.

3/ A bakin dattijuwar nan na fara jin sunan Eve Muirhead. Daga baya na bi tarihinta da kaina, na ga labari ne da ya shafi duk wanda ya taɓa zama na ɗaya a aji, sannan ya fito duniya ya tarar ba ta san da zamansa ba. Shi zan ba ku. Amma bari mu fara da wasan kansa, don ku gane abin da ake faɗa a kai.

4/ Curling ɗan asalin Scotland ne, ya haura shekara 400. Akwai wani tsohon dutsen wasan da aka tsinta a yankin Stirling, an zana 1511 a jikinsa. A da, idan sanyi ya daskarar da tafki, mutanen ƙauye su fito su yi ta tura duwatsu a kai. A 1838 aka kafa babbar ƙungiyar da ta tsara dokokinsa, sai 'yan Scotland da suka yi ƙaura suka tafi da shi Kanada, can ya fi samun gindin zama.

5/ Ga yadda yake. Kowace ƙungiya mutum huɗu, kowa zai tura dutse biyu, takwas ke nan a zagaye ɗaya. Wasan manya zagaye 10 ne. Filin ya kai tsawon mita 45, a ƙarshensa an zana da'ira da suke kira gida. Dutse ɗaya nauyinsa ya kusa kilo 20. Duwatsun da ake amfani da su a Olamfik daga wani tsibiri da ba kowa a cikinsa ake fasa su, sunansa Ailsa Craig.

6/ Ƙungiya ɗaya ce kawai ke cin maki a kowane zagaye: wadda dutsenta ya fi kusa da tsakiyar gida. Sai a ƙirga mata duk duwatsunta da suka fi na abokan hamayya kusa. Wadda aka ci, ita ke samun damar tura dutsen ƙarshe a zagaye na gaba. Dutsen ƙarshen nan ku riƙe shi a ranku, duk labarin nan a kansa yake juyawa.

7/ Shara fa? Ba wasa ba ce. Kafin a fara ana yayyafa ruwa a filin ya daskare ƙuraje-ƙuraje, a kansu dutsen ke sulalewa. Mai turawa kan ɗan murɗa mariƙin, shi ya sa dutsen ke lanƙwasa a hanya. Goge ƙanƙarar da ƙarfi yana ɗan ɗumama ta, sai dutsen ya ƙara nisa kuma ya rage lanƙwasa. Masu sharar nan gumi suke yi a cikin sanyi.

8/ Sai kyaftin. Ita ce ke tsaye a cikin gida tana nuna inda za a ajiye kowane dutse, ita ke karanta ƙanƙara, ita ke ihun a share ko a bari. A yawancin ƙungiyoyi kuma ita ke tura duwatsu biyun ƙarshe. Idan an ci, an ci tare. Idan dutsen ƙarshe ya kauce, kowa ya san hannun da ya sake shi.

9/ To, Eve. An haife ta a Perth ranar 22 ga Afrilu 1990, ta tashi a wani ƙaramin ƙauye mai suna Blair Atholl. Gidansu gidan curling ne. Mahaifinta Gordon Muirhead ya buga wa Scotland, yana cikin tawagar da ta ci kofin duniya na maza a 1999. 'Yan uwanta maza biyu, Glen da Thomas, su ma daga baya sun je Olamfik.

10/ A 2002, tana shekara 11, wata mata mai suna Rhona Martin ta jagoranci Birtaniya ta ci zinaren Olamfik a Salt Lake City, da dutsen ƙarshe, ci 4 da 3 a kan Suwizalan. A Birtaniya dare ya raba lokacin, amma miliyoyin mutane ba su kwanta ba. Eve na cikinsu. Ku riƙe wannan shekarar ma, za mu dawo kanta.

11/ Abin mamaki, ba curling kaɗai ta iya ba. Gwana ce a golf, har jami'o'in Amurka sun yi mata tayin karatu saboda shi. Tana kuma busa algaitar nan ta 'yan Scotland mai jakar iska, har gasa take shiga. Ta duba duka ta zaɓi wasan da ya fi ƙarancin kuɗi da suna a cikinsu.

12/ Gasar duniya ta matasa ta 'yan ƙasa da shekara 21 ce, ɓangaren mata an fara shi a 1988. Eve ta shiga a 2007 a garin Eveleth na Amurka tana shekara 16. Ba ita ce kyaftin ba, Sarah Reid ce, ita tana matsayi na uku. Suka ci zinare. Wannan na farko ke nan.

13/ 2008 a Östersund ta Suwidin, yanzu ita ce kyaftin: zinare. 2009 a Vancouver ta Kanada: zinare. Uku a jere. A wasan ƙarshen 2009 wadda ta doke 'yar Kanada ce mai suna Kaitlyn Lawes. A gasannin biyun nan kuma akwai wata yarinya 'yar Japan, Satsuki Fujisawa, ta zo ta koma ba lambar yabo ko ɗaya. Ku rubuta sunayen nan biyu a gefe.

14/ An ce Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta. Hukumar wasan a Birtaniya ta ga Larabar nan ta yi kyau, sai ta ƙi jira Alhamis. Tun a 2009 Eve ta riga ta jagoranci Scotland a gasar duniya ta manyan mata a Koriya ta Kudu. Sai aka ɗauke ta a matsayin kyaftin ɗin Birtaniya zuwa Olamfik ɗin 2010.

15/ Ɗan bayani: a gasar duniya Scotland da sunanta take zuwa, amma a Olamfik sai dai a ce Birtaniya. Kusan kullum dai 'yan Scotland ɗin ne, riga kawai aka sauya.

16/ Ku hango yanayin. Yarinya 'yar shekara 19 tsaye a cikin gida tana ba da umarni. Wadda ke biye mata a ƙungiyar ita ce Jackie Lockhart, 'yar shekara 44, wadda ta ci kofin duniya a matsayin kyaftin tun 2002. Sa'ar mahaifiyarta ce. Ku gaya min, mu nawa ne za mu iya ɗaga murya mu ce wa irin wannan ta share, da ƙarfi?

17/ Kuma filin da aka yi wasan, shi ne dai filin Vancouver ɗin da ta ɗaga kofin matasa shekara ɗaya kafin nan. Gini ɗaya, gari ɗaya. Ta fara da kyau, sai abu ya juye, aka yi ta doke su a jere. Wasa tara, ta ci uku, an ci ta shida. Ta bakwai suka ƙare. Ko kusa da lambar yabo ba su je ba.

18/ Me ya bambanta? A wajen yara, wanda ya fi iya tura dutse yakan yi nasara, domin abokin hamayya zai yi kuskure, naka kawai ka jira. A wajen manya kowa ya iya turawa. Matan da ta tarar sun shekara 20 suna karanta ƙanƙara. Sun san lokacin da za su bar maki ɗaya ya wuce da gangan don dutsen ƙarshe ya zauna a hannunsu.

19/ Curling na cikin wasannin da shekaru ba sa korar mutum da wuri. Wadda ta ci zinaren 2010, Anette Norberg ta Suwidin, ta haura 40. Wadda ta zo ta biyu, Cheryl Bernard ta Kanada, ita ma haka. Wato yarinyar da ta baro aji na yara ba sa'o'inta za ta tarar ba, iyayen gidan wasan za ta tarar, kuma ba su da niyyar tashi.

20/ Wata guda bayan Vancouver ta tafi gasar duniya a Swift Current ta Kanada, ta kai har wasan ƙarshe. Andrea Schöpp ta Jamus ta doke ta a ƙarin zagaye. Schöpp ta fara cin kofin duniya a 1988, shekara biyu kafin a haifi Eve. Azurfa dai ta samu, ta nuna Vancouver ba ita ce ƙarshen magana ba.

21/ Sai ta yi wani abu da ya burge ni. A 2011 shekarunta sun ba ta damar shiga gasar matasa sau ɗaya tak, kuma a Perth za a yi, garin haihuwarta. Wadda ta je Olamfik ta dawo aji na yara: in ta ci a ce dama, in ta faɗi a yi dariya. Ta shiga, ta ci. Zinare na huɗu, abin da ba wata mace da ta taɓa yi kafin ita.

22/ Ribar da ta fi kofin nan ita ce mutanen da ta fito da su. Anna Sloan da Vicki Adams abokan wasanta ne tun a matasa. Maimakon a sake haɗa ta da manya, sai suka haura tare, aka ƙara musu Claire Hamilton. Sa'o'in juna ne, sun san numfashin juna, ba wadda ke jin nauyin yi wa wata ihu.

23/ Nan da nan abin ya nuna. Ƙarshen 2011 suka ci kofin Turai a Mosko. A Maris 2013 a Riga ta Latbiya suka doke Suwidin ci 6 da 5 a wasan ƙarshe na kofin duniya. Eve na da shekara 22, kyaftin mafi ƙarancin shekaru da ta taɓa ɗaga kofin duniya na mata. Kowa ya ce shi ke nan, zinaren Olamfik saura ɗauka.

24/ Sochi ta Rasha, 2014. Suka kai wasan kusa da na ƙarshe suka haɗu da Kanada, ƙungiyar Jennifer Jones. Wa ke matsayi na uku a ƙungiyar? Kaitlyn Lawes. Eh, ita dai, wadda Eve ta doke a 2009. Ita ba ta tsaya sai ta zama kyaftin ba, ta shiga ƙarƙashin babba ta koyi aiki.

25/ A zagayen farko dutsen Eve ya taka wani ɗan datti a kan ƙanƙara ya kauce hanya, Kanada ta samu maki biyu. Da tazarar maki biyun kuma aka tashi, 6 da 4. Kanada ta wuce ta ci zinare ba tare da an doke ta ko sau ɗaya ba a gasar. Lawes ta rataya zinaren Olamfik kafin wadda ta fi ta a yara.

26/ Washegari Eve ta share hawaye ta fito neman tagulla da Suwizalan. Dutsen ƙarshe a hannunta, ta ajiye shi inda ya kamata, 6 da 5. Tagullar Olamfik a shekara 23. Ga wani wannan ya isa a yi ta ba jikoki labari. Ga wadda tun tana 19 ake ce mata zinare ne rabonta, sai abin ya zama kamar bashi ne bai gama biyuwa ba.

27/ Shekaru huɗu suka biyo baya na yawo tsakanin Scotland da Kanada, inda manyan gasannin kuɗi suke. A 2017 ta samu tagulla a kofin duniya, ta sake cin kofin Turai. Sai PyeongChang ta Koriya ta Kudu, 2018. Nan ne wajen da na fi so ku natsu.

28/ Wasan kusa da na ƙarshe, Suwidin. Kyaftin ɗinsu Anna Hasselborg. Wace ce ita? Ita ce ta ci kofin matasa na 2010, shekarar da Eve ba ta je ba saboda Olamfik. Ba a yi gaggawar jefa ta gaba ba, wannan ne zuwanta Olamfik na farko. Ta doke Eve 10 da 5, ta wuce ta ɗauki zinare.

29/ Saura tagulla, da Japan. Kyaftin ɗinsu Satsuki Fujisawa, yarinyar nan da ta zo gasar matasa sau biyu ta koma hannu rabbana. Zagaye na 10, Japan na gaba 4 da 3, dutsen ƙarshe a hannun Eve. Zaɓi biyu gare ta: ta nemi maki ɗaya a tafi ƙarin zagaye, ko ta nemi biyu a tashi wasan nan take.

30/ Ta nemi biyu. Dutsen ya kauce kaɗan, ya bugi na Japan ya tura shi tsakiyar gida. Maki ya koma wa Japan, 5 da 3. Lambar yabon Japan ta farko ke nan a curling a tarihin Olamfik, kuma hannun Eve ne ya ajiye musu dutsen. Ta huɗu. A Olamfik ba matsayin da ya kai wannan ciwo.

31/ Ku lura da abin da ya faru. Lawes, Hasselborg, Fujisawa: duk tsararrakinta ne, duk tana gabansu a lokacin yarinta. Su ma ai ba zama suka yi ba. Kofin yara yana nuna wanda ya riga nuna ne kawai. Wanda ya makara yana nan tafe, kuma sau da yawa ya koyi faɗuwa tun ba wanda ke kallo. Ita a gaban kyamara ta koya.

32/ Bayan nan jiki ma ya kawo nasa. Yadda ake durƙusawa a sulale don sakin dutse yana cin ƙugu da gwiwa, ita kuma tun tana ƙarama take yi. A 2018 aka yi mata tiyata a ƙugu. Tsofaffin abokan tafiyarta suka fara ajiye wasa ɗaya bayan ɗaya. Ƙungiyar da suka taso tare ta watse.

33/ Sai 2021, lokacin korona. Aka yi kofin duniya a Calgary, an killace 'yan wasa, ba 'yan kallo. Ƙasashe shida na farko ne za su samu tikitin Olamfik kai tsaye. Scotland ta zo ta takwas. Wadda ta je Olamfik sau uku, ga shi ko gurbin zuwa ba ta samo wa ƙasarta ba.

34/ Hukumar curling ta Birtaniya ta ce to, daga yau ba ƙungiyar kowa. Ta tara mata tara, ta riƙa cakuɗa su a gasa daban-daban, wadda ta fi ita za a ɗauka. Har da Eve a cikin masu neman gurbi. Kofin matasa huɗu, kofin duniya, tagullar Olamfik, duk aka ce ta ajiye su a bakin ƙofa ta shigo a gwada ta.

35/ A wajena nan ne ta gama haurowa daga yara zuwa manya, shekara goma bayan takarda ta ce ta hauro. A 2010 hannu aka kama aka kai ta gaba saboda abin da ta yi jiya. A 2021 aka ce jiya ta wuce. Ta iya yin fushi ta tafi, ba wanda zai zarge ta. Ta tsaya aka gwada ta da 'yan bayanta.

36/ Waɗanda suka fito: Eve kyaftin, Vicky Wright, Jennifer Dodds, Hailey Duff, sai Mili Smith a benci. Vicky ma'aikaciyar jinya ce, ta koma asibiti aiki a lokacin korona. Ban da Eve ba wadda ta taɓa zuwa Olamfik a cikinsu. Yanzu ita ce babbar yaya, kujerar da Jackie Lockhart ta zauna a 2010.

37/ Nuwamba 2021 suka ci kofin Turai a Lillehammer. Disamba suka tafi Leeuwarden ta Holan, gasar neman ragowar gurabe, wadda ake zuwa idan an rasa ta ƙofar gaba. Suka zo na ɗaya, suka samu tikiti. A bikin buɗe gasar Beijing, Eve na cikin mutum biyun da suka riƙe tutar Birtaniya.

38/ Kada ku zaci daga nan hanya ta miƙe. A wasannin farko tara, sun ci biyar an ci su huɗu. Japan ma haka, Kanada ma haka. Ƙasa uku, gurbi biyu. To ya za a raba?

39/ Kafin kowane wasa, kowace ƙungiya kan tura dutse zuwa tsakiyar gida a auna tazararsa da santimita, don a san wa zai fara riƙe dutsen ƙarshe. Ana tara awon nan har ƙarshen gasa. Da shi aka raba gardamar. Birtaniya da Japan suka wuce, Kanada ta Jones da Lawes ta koma gida. Turawar da ake yi tun 'yan kallo ba su gama zama ba, ita ta cece ta.

40/ Wasan kusa da na ƙarshe: Hasselborg kuma. Zagayen farko Suwidin ta zuba maki huɗu. A wasan manya wannan kusan jana'iza ce. Birtaniya ta rama uku a na biyu. Aka yi ta ja. A na tara Eve ta ci huɗu, 11 da 8. A na goma Hasselborg ta ci uku, 11 da 11. Kai! A ƙarin zagaye Birtaniya ta samu ɗayan da take nema. 12 da 11.

41/ Wasan ƙarshe, 20 ga Fabrairu 2022. Da wa? Japan. Fujisawa. Da a fim aka rubuta haka sai mu ce marubucin ya cika son kai. A Scotland ƙarfe ɗaya na dare ya ɗan gota, a Najeriya da Nijar biyu. Ina falon dattijuwar nan, ta lulluɓe ƙafafunta da bargo, shayinta ya huce ba ta kurɓa ba.

42/ Wannan karon ba a kai ga dutsen ƙarshe ba. Birtaniya ta fara da maki biyu ta riƙe gaba. A zagaye na bakwai Eve ta bugi wani dutse ya je ya fitar da na Japan daga gida, maki huɗu suka faɗo lokaci guda. Bayan zagaye na tara, 10 da 3, 'yan Japan suka miƙa wuya suka taya su murna. Haka al'adar wasan take, idan ka ga ba mafita kai ke fara sallamawa.

43/ Shekara 20 cif bayan daren da yarinya 'yar 11 ta ƙi barci don kallon Rhona Martin. Shekara 12 bayan Vancouver. Zuwa na huɗu. Shi ne zinare ɗaya tilo da Birtaniya ta samu a gasar Beijing gaba ɗaya, ɗaya lambar kuma azurfar maza ce, ita ma a curling. Na juya in yi wa dattijuwar murna na ga tana goge ido da gefen bargo.

44/ Wata biyu bayan haka ta ci kofin duniya na 'yan bibbiyu, mace da namiji, tare da Bobby Lammie a Geneva. A Agusta 2022 ta sanar ta ajiye wasa tana shekara 32. A wasan da ake kaiwa 45 ana bugawa, ta tashi da wuri. Amma ku tuna tun tana 16 take ɗauke da sunan ƙasa a baya.

45/ Ga wani abin da zai ba ku mamaki: Najeriya ma na cikin wasan nan. Ta shiga hukumar curling ta duniya a 2018, ita ce ƙasar Afirka ta farko. A 2024 matasan Najeriya suka buga a Olamfik ɗin matasa na hunturu a Gangwon ta Koriya ta Kudu, alhali a gida ba su da filin ƙanƙara. Shugabar tawagar Birtaniya a gasar nan kuwa Eve ce.

46/ Me ya sa labarin nan ya zauna min? Tun firamare ban san wani matsayi ba sai na ɗaya. Gida da makaranta kowa ya gama yanke min hukuncin abin da zan zama. Aikin farko da na miƙa a Scotland, da kyar ya tsallake. Na yi kwana uku ban faɗa wa kowa a gida ba. A lokacin ne maƙwabciyata ta ja ni filin ƙanƙara na sha ƙasa a karo na biyu.

47/ Na san a cikinku akwai masu irin wannan. Wanda ya fita da sakamako mafi kyau a ajinsu, yau shekara uku yana yawo da takardu. Wadda aka ce za ta zama likita tun tana aji uku, yanzu tana kallon wadda ke bayanta a aji ta riga ta. Abin da zafi, ba sai an ɓoye ba. Eve ma ta tsaya ta kalli Lawes da Hasselborg an rataya musu abin da aka ce nata ne.

48/ Ba zan ce muku kowa zai samu Beijing ɗinsa ba. Da awon santimitan nan ya karkata wani gefen, da yau labarin wata mai hazaƙa da ba ta cika ba nake ba ku, kuma da ita ɗin ce dai, ba abin da ya ragu a ƙwazonta. Abin da ke hannunta shi ne ranar da aka ce ta dawo layi da mutum takwas a sake gwada ta. Ta dawo.

49/ Nan zan tsaya. Ku nemi bidiyon wasan Birtaniya da Suwidin na 2022 ku kalla daga farko, yanzu kun san abin da masu sharar ke yi. Wanda kuma ya taɓa zama na ɗaya a aji sannan duniya ta yi masa maki huɗu a zagayen farko, ya ba mu labari a ƙasa, ina karantawa. A tura wa wanda ya kamata ya gani.